Fim ɗin neman waɗanda suka tafi: nazari a kan kyamara da cin rani a Adar

A ƙasar Adar ta Nijar da wuya ka samu gidan da ba shi da wani a Abijan, Legas ko Libiya. Da an gama girbi samari kan kama hanyar biɗa, wato cin rani. Wasu su dawo da damina, wasu kuma sai labari. Wannan rayuwa ta haifi wani nau'in fim na gaskiya, wanda mai shirya shi ke bin sawun waɗanda suka bar gida.

Bafaranshe Jean Rouch ne ya fara share fagen. A fim ɗinsa Moi, un noir na 1958 ya nuna 'yan Nijar masu ƙwadago a unguwar Treichville ta Abijan, Oumarou Ganda na cikinsu. Amma Rouch baƙo ne mai kallo. Moustapha Alassane, wanda ya daɗe zaune a Tawa kafin rasuwarsa a 2015, ya duba lamarin daga gida: Le Retour d'un aventurier na 1966 wasan kwaikwayo ne a kan matafiyin da ya dawo da kayan kaboyi, ya hargitsa ƙauyensu.

Sani Magori, ɗan Galmi, shi ya kai nau'in inda ya nuna ƙarfinsa. A fim ɗinsa Kukan Kurciya ya nemi zabiya Hussey, wadda waƙoƙinta suka zuga samari barin gida a shekarun 1970, ta raka shi Abijan don ta lallashi mahaifinsa ya komo. A nan mai kyamara ɗan aike ne tsakanin gida da baƙunta, kuma maganar ta shafi cikin gidansu.

Akwai irin wannan a Maroko. Kamal Hachkar, Musulmi ɗan asalin Tinghir, ya bi Yahudawan garinsu da suka ƙaura zuwa Isra'ila, ya tarar tsofaffinsu na riƙe da harshen Barbar da waƙoƙin gida. Abin da ya haɗa finafinan biyu shi ne hujjar da suka dogara da ita. Inda ba a ajiye wasiƙu da hotuna ba, muryar mai waƙa ce ke riƙe da tarihin ƙaura. Bambancin kuwa, mutanen Hachkar sun tafi ke nan, na Magori kuma ana sa ran dawowarsu, shi ya sa fim ɗinsa ya zama roƙo.

Nau'in yana da rauninsa. Zafin kewa kan danne tambayoyin da suka fi nauyi: ƙarancin ƙasar noma, farin 1973 da na 1984, da halin matan da aka bari da 'ya'ya shekara da shekaru. Sannan bukukuwan finafinai na waje sun fi mutanen da aka ɗauka ganin waɗannan ayyuka.

Ya kamata gidajen al'adu da makarantun Tawa, Keita da Illela su riƙa haska su a fili lokacin damina, sa'ad da 'yan biɗa ke gida.