Wa ake ma dariya?

Khaby Lame bai cewa uffan. An haife shi a Senegal a 2000, ya girma a Chivasso ta ƙasar Italiya, ya rasa aikin masana'anta a 2020 lokacin korona, a Yunin 2022 kuma ya zama wanda ya fi kowa mabiya a TikTok. Da mi? Wani na fama da ɓawon ayaba da wuƙa, Khaby ya ɓare tashi da hannu, ya shimfiɗa tafuna, shi ke nan. Wahalar banza yake ma dariya, mai wuƙar bai dame shi ba.

Namu masu raba allon waya biyu, su sa bidiyon wani a gefe su zauna suna sharhi, da baki suke aiki. Wasu wallahi gwanaye ne: «kai!» ɗaya in an ja ta daidai ta fi jimla goma. Inda nake da ja shi ne wajen zaɓen abin da suke kira abin mamaki. Sau da yawa babu wani mamaki a bidiyon. Tsoho ne a kasuwa irin tamu ta Badagishiri yana cinikin rago, ya ce «zamna», ya ce «jikka biyat», ya ce «mi kac ce?» Sai mai sharhi ya tsai da bidiyon, ya maimaita kalmar har sau uku, ya kife da dariya. To, ai harshen Adar ake ma dariya ke nan. Mu kuma, ƴan Ƙwanni da Illela da Malbaza, mu ƙone kuɗin intanet ɗinmu muna tura ma juna.

Abin da zai ba ku haushi, tsohon nan ne ke riƙe da tsohuwar sigar. «Zamna», «amre» da «sabka» sun girmi «zauna», «aure» da «sauka», haka «biyat» ta girmi «biyar». Bajamushen nan Klingenheben ya bayyana wanga sauyi kusan shekara ɗari da suka wuce, har dokar na ɗauke da sunanshi. Bakin Kano ne ya sauya.

Za a ce mini wasa ne, kuma mun gaji wasa. Gaskiya ne, a 2014 UNESCO ta sa wasan taubasantaka na Nijar cikin gadon duniya. Amma in Bafillace ya tsokani Babarbare, gaba da gaba ne, kuma nan take ake ramawa. Tsohon kasuwa bai san an ɗauke shi ba, balle ya rama. Mabiya da tallace-tallace kuwa na mai sharhi ne.

Tun Maris na 2025 kundin sake gina ƙasa ya ce Hausa ce harshen ƙasa a Nijar. Ni tambayata: wace Hausa? Don na sha jin ƙannenmu, da sun kunna kyamara sai su haɗiye «lahiya lau» su koma «lafiya ƙalau», gudun kar su faɗa rabin allon wani.