Wojciech Kilar da Matsayin Kiɗan Silima

Manufar wannan maƙala ita ce duba wani hukunci da manazarta suka saba yankewa a kan Wojciech Kilar (1932–2013), mai tsara kiɗa ɗan ƙasar Polan. Sukan kasa ayyukansa gida biyu, watau kiɗan zauren sauraro, wanda suke ɗauka shi ne fasaha ta ainihi, da kiɗan silima, wanda suke gani neman abinci ne kawai. Shi kansa Kilar ya fi daraja kashin farko. A ganinmu wannan rabo bai da tushe.

An haifi Kilar a birnin Lwów, ya yi karatu a Katowice, sannan ya ƙaro ilmi a Faris wajen Nadia Boulanger daga 1959 zuwa 1960. Da fari ya bi sahun masu sabon salo mai wuyar fahimta. Amma a 1974, cikin "Krzesany", sai ya koma ga kiɗan mutanen duwatsun Tatra. Daga nan salonsa ya zauna: gajeren sauti guda, a yi ta maimaita shi, ana ƙara masa kayan kiɗa da ƙarfi har ya cika kunne. Haka aka gina "Exodus" (1981) da "Orawa" (1986).

To, wannan dabarar ce dai ya kai cikin silima. Alal misali, a "Dracula" na Coppola (1992), maimaicin manyan goge masu kaurin murya shi ke dasa tsoro tun kafin ido ya ga abin tsoron. Ashe ke nan hannu ɗaya ne ya yi aikin biyu. Hasali ma, maimaicin da kan gundiri mai sauraro a zaure, a silima yakan sami labarin da zai rataya a kai.

Wata gwanintar kuma ita ce sanin lokacin janyewa. A "The Pianist" na Polanski (2002) ya bar wa Chopin fili, nasa kiɗan kaɗan ne, amma ya jawo masa lambar César a 2003.

Daga ƙarshe, mutumin da ya yi wa finafinai fiye da 100 kiɗa, ciki har da na Wajda da Zanussi, ba a auna shi da rabin aikinsa. Biyan lada ba ya rage darajar fasaha. Ingancin gininta shi ne ma'auni.