Umarnin Kotu Ko Takardar Ƙunshin Ƙosai?

Jama'a, nan Minna kotu za ta ce kowa ya dakata da filin da ake rikici kansa, washegari sai ga ma'aikata da safiyo sun matsar da turakun iyaka. Kafin lauya ya gama bin Fom 48 da Fom 49, wallahi gini ya kai linta. Alhali sashe na 287 na tsarin mulkin 1999 bai ware kowa ba. Ko gwamnan sojan Legas sai da Kotun Ƙoli ta tsawatar masa a shari'ar Ojukwu, 1986. Mu limamai ma da laifinmu: mai fili muke ba haƙuri, jami'in kuwa yana sahun gaba, ba ma tuna masa la'anar da ke kan mai sauya iyaka.