Babi na Uku: Ginin Taurari a Wasan Kwamfuta na The Sims

3.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an kawo tarihin wasannin kwamfuta masu kwaikwayon rayuwa, an kuma nuna dalilin da ya sa za a iya auna su da ma'aunin da ake auna ƙagaggun labarai. Wannan babi ya taƙaita ne a kan yadda ake gina tauraro a wasan The Sims, wanda kamfanin Maxis ya shirya a ƙarƙashin jagorancin Will Wright, kamfanin Electronic Arts na Amurka kuma ya fitar da shi a shekarar 2000. Mai wasa yakan fara ne da shiga wani zaure da ake kira Create-a-Sim, inda zai ƙera mutanen da zai riƙa juyawa, waɗanda ake kiran kowane ɗayansu Sim. Abin da babin ke son tabbatarwa shi ne, daga fitowa ta farko zuwa ta huɗu ikon mai wasa a kan surar tauraro ya yi ta ƙaruwa, amma ikonsa a kan halin tauraro bai bi sawu ba, a wasu wuraren ma baya ya ja.

3.1 Sura

A fitowa ta farko abin da aka ba mai wasa bai taka kara ya karya ba. Zai zaɓi namiji ko mace, babba ko yaro, sai launin fata ɗaya daga cikin uku, sannan ya ɗauki kai ya ɗora a kan gangar jikin da aka riga aka zana da tufafinta. The Sims 2 ta shekarar 2004 ce ta ba da damar taɓa fuska gaɓa-gaɓa, ta kuma shigo da gado, ta yadda ɗa zai iya ɗauko idon uwa ko hancin uba. The Sims 3 ta 2009 ta ƙara da rina tufafi da gashi yadda aka ga dama. A The Sims 4 ta 2014 kuwa, da linzamin kwamfuta ake kama kunci ko kafaɗa a ja, kamar yadda maginiya ke murza yumɓu, har salon tafiya da amon murya ana zaɓa.

Duk da wannan yalwa, an daɗe ana kukan cewa baƙar fata ba ta samu kulawa ba. Launukan duhu na The Sims 4 kaɗan ne a farko, kuma sukan fito da toka-toka kamar jikin da ya sha hunturu bai ga mai ba. Wata mai wasa Ba'amurkiya, Amira Virgil, ta zana nata launukan ta rarraba wa jama'a tun a 2016, amma sai a watan Disamba na 2020 kamfanin ya ƙara launuka fiye da 100. Hijabi da hular maza irin ta Musulmi ma sai a 2019 suka shiga wasan. Wannan ya nuna cewa 'yancin da ake cewa mai wasa yana da shi a zauren ƙira iyakarsa abin da aka jera masa a kanta, kuma wanda ya jera kantar yana da irin mutanen da ya fara tunawa da su.

3.2 Hali

A nan ne gizo ke saƙa. A nazarin ƙagaggun labarai ba a sanin tauraro da tsawon hancinsa. Ana saninsa ne da abin da ya aikata da abin da ya faɗa da kuma abin da wasu suka faɗa a kansa. E. M. Forster, a littafinsa Aspects of the Novel na 1927, ya kasa taurari gida biyu: miƙaƙƙe, wanda aka gina a kan siffa guda ba ya sauka daga kanta, da zagayayye, wanda yake iya yin abin da mai karatu bai zata ba, kuma mai karatun ya gamsu cewa zai aikata. Tambayar da ta dace a yi ita ce, wane iri daga cikin biyun nan zauren ƙira yake iya haifarwa?

A fitowa ta farko an raba hali zuwa ma'auni biyar: tsafta, son shiga jama'a, kuzari, son wasa da kuma kirki. Kowane ma'auni yana ɗaukar maki 10, wato cika su duka yana buƙatar maki 50, amma 25 kawai aka ba mai wasa. Wannan ƙaramar dabara tana da hikima ƙwarai. Wanda ya cika wa Sim ɗinsa tsafta da kirki ya kashe 20, saura 5 zai raba wa ukun da suka rage, don haka dole mutumin nan ya fito rago ko mai gudun jama'a ko marar fara'a. Ke nan tsarin da kansa yake tilasta wa mai wasa ya ba taurarinsa aibi, kuma aibi shi ne ƙofar da rikici ke shigowa cikin labari. The Sims 2 ta riƙe wannan ma'auni ta ƙara masa buri iri biyar, wato iyali, dukiya, ilimi, farin jini da soyayya, tare da abubuwan da Sim ke so da waɗanda yake tsoro, waɗanda ke sauyawa kullum. Idan abin tsoro ya yi ta aukuwa, Sim yakan zauce har sai likitan ƙwaƙwalwa ya sauko ya lallashe shi. Wannan nazari yana ganin a nan ne wasan ya fi kusantar gina tauraro na gaske, domin tauraron yana da abin da zai rasa.

Daga The Sims 3 aka watsar da maki aka koma ga laƙabi. Baligi yana ɗaukar siffofi biyar daga jerin da aka tanada, a The Sims 4 kuma aka rage su zuwa uku, sai ƙari guda da ke biyo burin da aka zaɓa masa. Akwai rago, ƙazami, mai haɗama, mai saurin fushi, mai kishi, mugu da sauransu. Illar farko ita ce babu abin da ke tilasta aibi, mai wasa yana iya zaɓar kyawawa uku ya wuce. Illa ta biyu ta fi girma: zauren ba ya yarda a haɗa siffofi masu karo da juna. Wanda aka ce nagari ne ba za a ce mugu ne ba, mai tsafta ba zai zama ƙazami ba. Ta fuskar lissafin kwamfuta wannan daidai ne, amma ta fuskar adabi an toshe hanyar da zagayayyen tauraro ke bi ya fito. Idan aka dubi Alhaji Imam na Ruwan Bagaja, littafin Abubakar Imam da ya fito daga gasar 1933, za a ga mutum ne da ya bar gida da kyakkyawar niyya, don ya nemo magani ya kuma wanke Liman daga wulaƙancin da aka yi masa a fada, amma a hanya ya yi da'awar malanta ba shi da karatu, ya yi ta shirya wa Malam Zurƙe makirci. Da za a kai shi zauren ƙira, sai an zaɓi ɗaya, ko nagari ko mayaudari, kuma duk wanda aka zaɓa ba Alhaji Imam ba ne. Wanda zai shiga zauren ya fito lafiya shi ne Gizo na tatsuniya: wayo, kwaɗayi, lalaci, gurbi uku sun cika. Wannan bai zama aibi ga Gizo ba, don tatsuniya ba ta nemi ya wuce haka ba. Amma wasan da ke da'awar kwaikwayon rayuwa tun daga haihuwa har mutuwa ya ɗaukar wa kansa alkawarin da ya fi na tatsuniya nauyi.

Akwai kuma bambancin inda ake ajiye hali. Wasan yana ɗaukar hali a matsayin kayan da ke cikin mutum shi kaɗai, yana yawo da shi duk inda ya je. A laccarsa a kan mutumin kirki da aka wallafa a 1974, Kirk-Greene ya lissafa siffofi goma da Bahaushe ke auna mutum da su, daga ciki akwai amana, karamci, kunya, ladabi da mutunci, kuma kusan dukkansu ba sa tabbata sai da wani a gefe. Kunya misali ce mai kyau. A ma'aunin fitowa ta farko, mai kunya shi ne wanda ya sami maki kaɗan a son shiga jama'a, yana noƙewa ga kowa. Kunyar Bahaushe kuwa tana da waɗanda ake yi wa ita: matar da ba ta kiran sunan ɗanta na fari, ba ta cin abinci a gaban surukanta, ita ce kuma za a ji muryarta ta fi ta kowa a gidan biki. Babu gurbin da zai ɗauki wannan a zauren ƙira, ba don masu wasan sun yi ganganci ba, sai don tunanin da aka gina zauren a kansa ya fara ne daga mutum ɗaya tsaye a gaban madubi.

Adalci ne a ambaci cewa kamfanin ya yi ƙoƙarin cike giɓin. A 2021 an ƙara abubuwan so da na ƙi, irin su launi da kiɗa da sha'awa, a 2023 kuma ƙarin da ake kira Growing Together ya ba Sim damar samun sababbin siffofi daga abin da ya saba aikatawa. Sai dai wannan ƙari saye ake yi daban, kuma ko a nan sai an tambayi mai wasa ko ya amince kafin siffar ta zauna.

3.3 Gyara Bayan Ƙira

Hausawa na cewa hali zanen dutse. A The Sims 4 zanen alli ne. Da 'yan kalmomin sirri da ake rubutawa, mai wasa yana iya mayar da Sim ɗin da ya riga ya yi aure ya haifi 'ya'ya cikin zauren ƙira, ya cire masa mugunta ya sa masa kirki, ya mayar da tsoho saurayi, ba tare da wani abu ya faru a cikin labarin da zai jawo haka ba. Marubuci ma yana gyara taurarinsa, amma kafin littafi ya fita yake yi, kuma idan ya so tauraro ya shiryu a shafi na 80, dole ya shuka dalilin tun a baya, in ba haka ba mai nazari ya kama shi. Mai wasa ba shi da mai kama shi, domin shi ne marubucin, shi ne kuma mai karatun. Wannan ne ya sa mugun da ya cuci maƙwabcinsa jiya yake iya wayar gari nagari, maƙwabcin kuma yana nan da ƙullinsa a ma'aunin dangantaka, yana jin haushin mutumin da a lissafin wasan ya riga ya daina wanzuwa.