Shirun Marubuci a Birnin Ruwa: Sharhi a Kan "Mutuwa a Venis"

Manufar wannan taƙaitaccen sharhi ita ce duba jigon ƙagaggen labarin da marubucin Jamus, Thomas Mann, ya wallafa a 1912, wanda muka fassara sunansa da "Mutuwa a Venis", sa'annan mu auna shi da halin da muke ciki a Maiduguri.

Venis tsohon birni ne a Italiya, an gina shi bisa tsibirai fiye da 100. Hanyoyinsa na ruwa ne, abin hawansa kwalekwale. Tun da daɗewa masu zane da marubuta ke tururuwa can don kallon kyansa. Tauraron labarin, Aschenbach, ɗaya ne daga irin waɗannan baƙi: shahararren marubuci ne da ya baro Munich domin hutawa. Yana can kwalara ta ɓulla, mahukunta suka ɓoye don kada baƙi su watse. Wani akawu Ba'ingile ya tsegunta masa gaskiya. Ya yi tunanin gargaɗin wasu baƙi 'yan Poland, amma sha'awar kyau ta rufe masa ido, ya kame bakinsa har cutar ta kashe shi.

A ganinmu, ƙarfin littafin shi ne fallasa wannan shiru. Rauninsa kuwa, mutanen gari ba su da murya a ciki. Daga matuƙin kwalekwale sai wanzami sai mawaƙin bara, duk masu hidimar baƙo.

Yerwa ba Venis ba ce, amma ita ma ruwa ya ratsa ta. An kafa ta a 1907 a gaɓar kogin Ngadda. Madatsar Alau ta kawo mata ambaliya a 1994, ta sake ɓallewa a Satumban 2024, ruwa ya shiga Gwange da Kasuwar Monday da fadar Shehu, kwalara kuma ta biyo baya. Shekara 30 ke nan tsakani. Tambayar da ta dace mu yi wa kanmu ita ce: a cikin waɗannan shekaru, me alƙalumanmu suka faɗa game da kogin nan da mazauna bakinsa?

Aschenbach baƙo ne, yana da garin komawa. Mu kuwa 'yan gida ne, wanda ya kwana cikin ɗaki shi ya san inda yake yoyo. Idan muka tsaya ga yabon faɗuwar rana a Ngadda kaɗai, shirunmu ya fi nasa muni.