Rubuce-rubucen Tarihin Ningi: Tawaye, Bauta da Kudancin Kano

Ningi ƙaramar daula ce da ta kafu a cikin duwatsun da ke tsakanin Kano da Bauchi da Zazzau a tsakiyar ƙarni na 19. Ta yi shekara hamsin da 'yan kai tana gwabzawa da masarautun Daular Usmaniyya, sannan ta faɗi a hannun Turawan Ingila a 1902. Malamai Hausawa daga ƙasar Kano ne suka kafa ta, a ƙarƙashin Malam Hamza na Tsakuwa, garin da ke ƙasar Dawakin Kudu, maƙwabciyar Kura da Bunkure. Sun ƙi biyan kuɗin ƙasa, suka fice wajen 1846, suka sami mafaka wurin Butawa da Warjawa da Fa'awa da sauran mutanen dutse waɗanda ba su shiga Musulunci ba. Daga wannan haɗin gwiwa aka sami rundunar da ta riƙa kai hari kudancin Kano da arewacin Bauchi da gabashin Zazzau, tana kama mutane, tana kora dabbobi.

Abin da aka rubuta game da Ningi bai taka kara ya karya ba wajen yawa, amma ya isa a nazarce shi a matsayin reshe na musamman na tarihin ƙasar Hausa. Ya kasu gida uku: rubutun fada, rubutun baƙi Turawa, da binciken jami'a. Kowane gida yana da tambayar da ya ɗauka da wadda ya tsallake.

Ƙashin bayan labarin

Kusan duk marubutan sun haɗu a kan jerin shugabanni da manyan matakai. Malam Hamza bai daɗe ba ya rasu a farkon gwagwarmayar. Ƙarfin Ningi ya bayyana ne a zamanin Abubakar Ɗan Maje, daga wajen 1855 zuwa 1870, ya ci gaba a zamanin Haruna Ƙarami har tsakiyar shekarun 1880. Na ƙarshe kafin Turawa shi ne Usman Ɗan Yaya. A ɓangaren Kano, Sarki Abdullahi Maje Karofi, wanda ya hau gado a 1855, shi ya fi kowa ɗaukar nauyin wannan yaƙi, kuma garuruwan ribaɗi irin su Takai sun sami muhimmanci ne saboda yaƙin. A Bauchi ma Sarki Ibrahim ɗan Yakubu ya sha fama, aka ƙarfafa Kafin Madaki don tare hanya. Lokacin Basasar Kano ta 1893 zuwa 1895, Yusufawa, ɓangaren 'yan tawayen da suka kafa sansani a Takai, sun nemi goyon bayan Ningi a kan Sarki Tukur. Turawa sun ci Bauchi a farkon 1902, suka shiga Ningi a cikin shekarar, Ɗan Yaya ya rasa ransa. A farkon 1903 kuma rundunar Kanar Morland ta bi ta Bebeji ta ci Kano ranar 3 ga Fabrairu. Cikin ƙasa da shekara guda, abokan gabar biyu, Ningi da Kano, suka koma ƙarƙashin mai mulki ɗaya.

Saɓanin marubuta yana kan fassarar waɗannan al'amura ne: ko Ningawa 'yan tawaye ne da suka koma 'yan fashi, ko malamai ne masu neman gyara da suka ga zalunci a haraji, ko kuwa mutanen dutse ne masu kare kansu daga farmakin masarautu, malaman kawai suka ba su jagoranci.

Rubutun fada

Tushe mafi tsufa shi ne Tarihin Kano da aka rubuta da Larabci, wanda ya tsaya a zamanin Sarki Muhammadu Bello. H. R. Palmer ya fassara shi zuwa Ingilishi a 1908, daga baya kuma ya fito da Hausa a cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu a farkon shekarun 1930. Tsarin littafin sarki-sarki ne: wane ya hau, ya yi yaƙi kaza, ga jarumansa, ga shekarun mulkinsa. Saboda haka Ningi ba ta fitowa a cikinsa sai a matsayin abokiyar gabar da sarki ya fita nema. Ba a bayyana dalilin ficewar malaman dalla-dalla ba, ba a kuma ce komai ba game da yadda suke mulki a can cikin duwatsu. Murray Last ya yi hasashen cewa Ɗan Rimi Barka, babban bawan sarki, shi ne ya tattara littafin. Idan haka ne, to bawa ne ya rubuta tarihin yaƙin da ake kama bayi a cikinsa, amma da idon fada ya rubuta shi.

Sai wasiƙun Larabci da sarakuna suka riƙa aika wa juna da kuma Sakkwato. Waɗannan sun fi nuna damuwar yau da kullum: neman gudummawar dakaru, labarin motsin abokan gaba, maganar amana da warware ta. Littafin Alhaji Abubakar Dokaji, Kano Ta Dabo Cigari, na ƙarshen shekarun 1950, ya gaji wannan salo, ya kai shi ga ɗaliban makarantun boko da Hausa mai sauƙi. Amfanin rubutun fada shi ne jerin lokuta da sunayen masu sarauta. Rauninsa kuma shi ne talakan ƙauye ba ya fitowa sai a cikin jimlar ganima ko asara.

Rubutun baƙi

Matafiya Turawa sun kawo abin da fada ba ta damu da rubutawa ba, wato tsoron da ke kan hanya. Bajamushe Paul Staudinger, wanda ya ratsa Zazzau da Kano a 1885 zuwa 1886, ya ambaci Haruna da fargabar da sunansa ke jefa fatake a ciki. Bayan 1903 sai rahotannin jami'an mulkin mallaka, waɗanda suka zagaya gundumomi suna ƙidayar mutane don tsara haraji, suna kuma tambayar dagatai tarihin garuruwansu. Daga irin waɗannan aka haɗa kundin Lardin Kano na W. F. Gowers a 1921, aka kuma gina littafin Hogben da Kirk-Greene kan masarautun Arewa na 1966. Turawan suna da tasu manufa. Duk labarin da ya nuna ƙasa a hargitse kafin zuwansu yana halatta mulkinsu, don haka suka fi ƙarfafa ɓarnar hare-hare, suka yi wa dalilanta kallon sama-sama.

'Yan mishan sun shigo ta wata ƙofa dabam. Isawa, mabiyan Malam Ibrahim da aka kashe a Kano a zamanin Abdullahi Maje Karofi, sun gudu wajen Ningi. Zuriyarsu ta haɗu da Dokta Walter Miller na mishan ɗin Zariya wajen 1913, aka kafa musu zama a Gimi. Marubutan coci sun ɗauki wannan a matsayin share fagen Kiristanci, abin da ya sa suka mai da hankali ga aƙida fiye da siyasa da tattalin arziki.

Binciken jami'a

Wanda ya fara mai da Ningi tsakiyar labari shi ne Ba'amurke Adell Patton, a kundin digirinsa na uku a Jami'ar Wisconsin a 1975, da maƙalarsa kan hare-haren Ningi da bauta ta 1981, da babin da ya rubuta a littafin Igor Kopytoff kan yankunan bakin iyaka a Afirka a 1987. Ya haɗa wasiƙun Larabci da takardun Turawa da hira da dattawan Ningi. A wurinsa Ningi daula ce ta bakin iyaka, inda tsirarun malamai masu ilimi da sunan iya asiri suka ɗora tsarin sarauta a kan al'ummomin da da can ba su da sarki guda. Sauran masana sun taɓo ta ne a gefen aikinsu: Joseph Smaldone a nazarin yaƙi da ribaɗi na 1977, Adamu Fika a littafinsa kan Basasar Kano da mulkin Turawa na 1978, da M. G. Smith a babban aikinsa kan mulkin Kano na 1997.

Wannan gida ya gyara kuskuren ɗaukar Ningi a matsayin yaƙin Musulmi da arna zalla, tunda shugabanninta Musulmi ne masu karatu, suna rubuta wasiƙa da Larabci kamar kowane sarki. Sai dai ya zo da nasa haɗari. A shekarun 1970 ana sha'awar labarin masu bijire wa manyan dauloli, kuma wannan sha'awa tana iya sa mai karatu ya manta cewa masu bijirewar ma suna kama 'ya'yan wasu su sayar.

Matsayin bauta

Nan ne kwatanci da Amurka yake da amfani. Jihohi 11 na kudancin Amurka sun ɓalle a 1860 zuwa 1861 don kare bautar da baƙaƙen fata, aka ci su da yaƙi a 1865. Waɗanda aka ci ɗin suka yi maza suka kama alƙalami: Edward Pollard a 1866, shugabansu Jefferson Davis a 1881, suna nuna cewa 'yancin jihohi suka yi wa yaƙi. An ɗauki shekaru kafin masana irin su W. E. B. Du Bois, a 1935, da kuma hirarrakin da aka yi da tsofaffin bayi sama da 2,000 a ƙarshen shekarun 1930, su dawo da bayi cikin labarin.

Lamarin Ningi ya bambanta ta fuska biyu. Na farko, waɗanda aka ci ba su bar littattafan kare kansu ba. Abokan gabarsu ne suka fara rubuta su. Na biyu, ba a kan halascin bauta aka yi yaƙin ba, domin kowane ɓangare yana yinta. Masarautu suna kai farmaki duwatsu su kamo bayi don gandaye da rinji da gaisuwar Sakkwato. Ningawa suna gangarowa su kama manoma da fatake, wasu a sa su noma, wasu a sayar, wasu a karɓi fansa daga danginsu. Lovejoy da Hogendorn, a littafinsu na 1993, sun ƙiyasta bayin Daular Usmaniyya wajen 1900 tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5. Sun kuma nuna yadda bauta ta mutu a hankali: dokar 1901 ta 'yanta waɗanda aka haifa daga Afrilun shekarar, wasu suka fanshi kansu ta hanyar murgu, ba a haramta ta gaba ɗaya ba sai 1936. Faɗuwar Ningi da Kano ta tsai da hare-hare, amma ba ta kwance wa kowa igiya nan take ba.

Kura da Bunkure a cikin rubuce-rubucen

Filin da ya miƙe daga Kura zuwa Bunkure da Rano yana tsakanin birnin Kano da ƙasar kudu da hare-hare suka fi shafa, kuma wuri ne mai dukiya. Philip Shea ya nuna a kundinsa na 1975 yadda karofin Kura suka shahara da baƙin rawani da turkuɗi da ake kai wa Buzaye har cikin Sahara. Wannan sana'a tana buƙatar auduga da baba da hannun ma'aikata masu yawa da hanya mai aminci, abubuwan da yaƙi da bauta suke taɓawa kai tsaye. Duk da haka tarihin masana'antar da tarihin yaƙin Ningi a rabe aka rubuta su. Nazarin gandayen bayi na Kano ya fi karkata ga wasu wurare: Polly Hill a Ɗorayi a 1977, Sean Stilwell kan bayin sarki a 2004, Mohammed Bashir Salau kan Fanisau a 2011. Muryar macen karkara mafi kusa ita ce ta Baba ta Karo, wadda Mary Smith ta buga labarinta a 1954, inda ake ganin rinji da satar mutane da biyan fansa daga cikin gida.

Binciken da aka yi a yankin kansa ya fi shafar zamanin noman rani. Bayan kammala madatsar Tiga a 1974, aka baje gonaki a Kadawa da kewaye, aka haƙa magudanan ruwa, aka sake raba filaye, masana kamar Tina Wallace suka rubuta kan mallakar ƙasa da ƙwadago. Wannan aiki ya sauya fuskar ƙasar da mai tarihi zai karanta, domin tsofaffin iyakokin gonaki da kufai ba su tsira duka ba. Ga shi kuma zancen asalin bauta abu ne da iyalai ba sa son tonawa, saboda yana shafar aure da sarauta.

Kayan aikin da suka rage su ne rahotannin gundumomi da ke gidan adana takardun tarihi na ƙasa a Kaduna, da tarin rubuce-rubucen Gidan Arewa, da na Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano, da kaset-kaset na hirarrakin shekarun 1970, da takardun kotunan alƙalai kan fansa da gado, da kundayen ɗaliban Jami'ar Bayero da ta Ahmadu Bello kan garuruwansu. Daga waɗannan ne za a iya haɗa tarihin sarakuna da na ƙauyukan da suka biya kuɗin yaƙin da haraji da dukiya da mutane.