Makaɗin Igbo da Makaɗin Bahaushe: Gyara ga Kwatancen Ames

A shekarar 1973 wani manazarci Ba'amurke, David Ames, ya kwatanta makaɗan Igbo na Obimo, kusa da Nsukka, da makaɗan Hausa waɗanda ya fi nazarinsu a ƙasar Zazzau. Ya nuna cewa a wurin Igbo kiɗa da rawa aikin jama'a ne, manomi kan ajiye fartanya ya ɗauki ogene ko ekwe, mutuncinsa bai ragu ba. A wurin Bahaushe kuwa kiɗa sana'a ce ta gado wadda ta jingina da roƙo da ubangida.

Akwai gaskiya a cikin wannan. Rawar yaƙi ta Ohafia tarihin jaruntakar gari ce da ake maimaitawa da jiki, atilogwu kuma gwajin ƙarfin samari ne. Sai dai kwatancen ya yi rauni ta ɓangaren Hausa, domin ya fi dacewa da birni da fada, inda taushi da kotso da tambari suke.

Wanda ya san ƙauyukan Wurno da Rabah da Goronyo ya san wani kiɗan dabam. A ranar gayya ganga ce ke daidaita saran fartanya, ta zuga gwani, ta kunyata rago. A dandali kuma 'yan mata na yin gaɗa da tafi kawai, babu makaɗi balle ubangida, suna faɗin ra'ayinsu kan aure da kishiya. A nan ma'anar kiɗa ba ta yi nisa da ta Igbo ba, domin jama'a ce ke magana da kanta. Ƙyamar da malamai suka nuna wa kiɗa a wannan yanki, inda Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kafa ribaɗi a Wurno har ya rasu can a 1837, ta rage darajar makaɗi amma ba ta raba aiki da kiɗa ba.

Abin da ke neman raba su shi ne ƙwadago da ya maye gurbin gayya, da kuma bukukuwan nuna al'adu irin na Festak a 1977, inda ake rawar noma ba gona. Ya kamata manazarta su koma fadamar Rima tun da sauran tsofaffin da suka san abin da ganga ke faɗa.